Jan Tawadar Mai Gada

Ranar Litinin da safe aka ɗauke takardun Mai Gada daga kan teburinsa. Kafin la'asar an ɗaure Dabo.

Ba a taɓa agogo ba, ba a taɓa bindiga ba. Takardu ne kawai, warƙa sittin da biyu, waɗanda maigidan yakan shimfiɗa a bakin taga su sha iska saboda danshin damina, ya danne su da dutse. Dutsen yana nan.

Mai Gada Bature ne, amma ba irin masu mulki ba. Mutumin Italiya ne, magini, sunansa Tuliyo. Shekara uku ke nan yana gina kwalbatoci a hanyar da ake fitarwa daga Kankiya zuwa Kusada, yana zaune a wani ɗakin jinka bayan gari. Dabo kukunsa ne. Shi aka bar wa tsaron takardun, shi kuwa ya tafi neman kaza.

A cikin gari kowa da abin da ya sani. Wasu suka ce taswirar zinariya ce, wasu suka ce sunayen waɗanda za a kwasa aikin tilas ne, wasu suka ce asiri ne. A kan Dabo ne kaɗai bakinsu ya zo ɗaya, domin ya yi ƙiba a shekarun nan, kuma yana yawo da tsohon takalmin Bature. Wakilin hakimi ya yanke magana: wanda ya taɓa kayan Bature ba a Kankiya ake masa shari'a ba. In ba a ga takardun ba zuwa Juma'a, Dabo zai hau motar Katsina, kuma ba wanda ya san ranar dawowarsa.

Sannan aka aika a kira Jaji.

Jaji mai bin sawu ne. Jakuna da shanu ya saba bi, wani lokacin matar da ta yi yaji. Ya haura hamsin, ba ya son magana, kuma Dabo taubashinsa ne.

*

An yi ruwa da asuba, saboda haka ƙasa ta riƙe kome. Dogarai sun tattake gaban ɗakin, amma ba su zaga baya ba. A can Jaji ya sami sawu huɗu. Na Bature. Na Dabo. Na mai kawo madara, ƙafa ba takalmi, wanda Jaji ya tsallake domin kullum tana zuwa. Sai wani takalmin fade mai faci a dunduniyar hagu, wanda ya ɓullo daga gonar gero, ya tsaya jikin taga, ya koma da sauri, kafaɗa ɗaya ta fi ɗaya nauyi.

Mai Gada yana zaune a kan kujerarsa, hannuwa a kan teburin da babu kome. Dogo ne, rana ta ƙona masa wuya, yatsunsa uku na dama sun rine da jan tawada. Hausar lebura yake yi, gajera, ba ado.

Jaji ya tambaye shi mene ne a cikin takardun.

Ya ce waƙa ce. Wani mutumin garinsu, Ansalmo, shi ne mai koya wa mutane waƙa a cocin garin shekara saba'in da suka wuce. Annoba ta kashe rabin garin, ya tsara wa matattun waƙa wadda mutum arba'in za su rera tare, kashi huɗu: mata masu siririyar murya, mata masu kauri, maza na tsakiya, maza na ƙasa. Kowane kashi da hanyarsa, amma tafiyar ɗaya ce. Ansalmo ya mutu ba a rera ta ba. Takardun suka zauna a rufin ɗakin kakan Tuliyo, ɓera ya ci, ruwa ya ci. Hanyar maza na tsakiya ta ɓace a fiye da rabin warƙoƙin, Ansalmo ma bai gama rubuta wasu wuraren ba. Aikin da Tuliyo yake yi tun zuwansa shi ne mayar da ita.

Jaji ya ce, yaya mutum zai mayar da abin da bai taɓa ji ba?

Mai Gada ya tambaye shi, in sawu ya hau dutse ya ɓace, me yake yi? Jaji ya ce yakan dubi inda ya hau da inda ya sauka, ya dubi tsawon takun mutumin, ya san inda dole ya taka. Mai Gada ya ce to, shi ke nan. Sauran muryoyin uku su ne inda aka hau da inda aka sauka. Akwai wurin da hanya ɗaya ce tak. Akwai wurin da hanya uku ce, ya yi wata guda yana zaɓa, bayan shekara ya soke ya sake.

"Hannun Ansalmo baƙi ne," in ji shi. "Nawa ja. Kada a ɗora wa matacce kuskurena."

Jaji ya tambaya ko akwai wani kwafin a wani wuri. Babu. Ya tambaya ko yana ganin Dabo ne. Mai Gada ya ce shi ya bar wa, shi kaɗai ya san darajarsu, kuma shi da kansa ya faɗa wa wakili haka.

*

A zauren wakili aka ɗaure Dabo, igiya daga wuyan hannu zuwa turke. Da ya ga Jaji sai ya gyara zama kamar mai karɓar gaisuwa.

"Bawana ya iso," in ji shi. "Ka makara. Da ubanka na da rai da na kai mashi ƙara."

"Bawa ga shi nan a turke," in ji Jaji. "Kazar fa?"

Kazar ma dogarai sun cinye. Dabo ya ce ya bar gidan bayan Hawwa'u ta kawo madara, ya dawo rana ta take tsaka, iyakar abin da ya sani ke nan. Da Jaji ya tambaye shi wa ya taɓa ba labarin takardun, sai ya ce ai gara a tambaye shi wa bai ba ba. Masu kawo itace, masu kawo ruwa, mahauta, kowa. Abin da yake faɗa musu kuwa gaskiya ce tsantsa: muryar mutum arba'in ce, maza da mata, aka ɗaure a cikin takarda. Maigida yana buɗewa sai su riƙa fitowa ta bakinsa ɗaya bayan ɗaya.

Jaji ya ɗauki wannan a cikin cika bakin Dabo na kullum. Ya miƙe zai fita. A nan ne muryar Dabo ta sauka.

"Jaji. Ba ni iya Katsina. Ka san ƙirjina."

Jaji ya sani. Ya fita.

*

Faden mai faci ya cinye masa kwana biyu. Ya bi shi ta gonaki, ya rasa shi a wani fako, ya same shi a bakin rafi, har ya kai shi ƙofar wani gida a Kafin Soli. Mai gidan Mamuda ne, lebura, wanda Mai Gada ya kora watan jiya saboda barci a ƙarƙashin kwalbati. Da ya ga Jaji bai gudu ba, ya dai zauna a ƙasa ya fara rantsuwa tun ba a tambaye shi kome ba. A bayan rumbunsa Jaji ya sami garwar kananzir biyu na gidan Bature, babu kome a ciki. Su ne nauyin kafaɗar.

Mamuda ya ce matarsa ce ta dame shi da maganar garwa, matan lebura duk suna da ita. Ya ce ƙwarai ya leƙa taga, da hantsi ne, don ya ga ko akwai mutum. Teburin babu kome sai dutse. Ya ce shi da takarda ba su taɓa gaisawa ba, mi zai yi da ita?

A hanyar dawowa Jaji ya biya ta wurin Babba mai tebur, wanda aka ce an ga yana ƙunshe alewa da takardar Turawa. Tsohuwar jarida ce ta Ikko. Babba ya bi shi da zagi har ya sha kwana.

Laraba ta ƙare a haka. Mutanen gari suka ce ai dama, taubashi ba zai kamo taubashi ba, yawo yake yi da hankalin wakili.

*

Alhamis da safe ya koma bayan ɗakin Mai Gada ya tsuguna. Sawun Litinin duk sun mutu. Abu ɗaya ya rage masa: takardun sun bar tebur bayan fitar Dabo, kafin zuwan Mamuda. Ɗan tsakanin nan bai fi a dafa shayi a sha ba.

Yana nan tsugune Hawwa'u ta iso da ƙwaryarta. Bafilatana ce daga wata ruga ta wajen Mawashi, siririya, ba yarinya ba. Ta sauke kaya a gindin tsamiya, ta auna wa Bature madararsa a kwanon da aka ajiye, ta tambayi Jaji ko zai sha nono. Yunwa yake ji. Ya ce ta zuba.

Da ta miƙo masa ƙoƙon ya ga hannunta. Yatsu uku na dama, manuni da na tsakiya da mai bi masa, sun yi ja a cikin tsagar fata da gefen farce. Ba lalle ba ne. Lalle yakan bi tafi da farce, hannu biyu, kuma jansa yana da duhu. Wannan ja mai haske ne, kuma a gidan nan ya taɓa ganin irinsa. Yatsun kuwa su ne waɗanda duk wanda ya taɓa wanke allo yake wankewa da su.

Ya sha nonon har ƙasa. Ya tambaye ta lafiyar shanu, ta ce lafiya. Ya tambayi maigidanta, ta ce da sauƙi. Bai san ba shi da lafiya ba. Ya bar ta ta tafi, ya ba ta tazarar gona uku, sannan ya bi sawun da ya tsallake ranar Litinin.

*

Rana ta yi tsaka lokacin da ya isa rugar. Shanu suna can gefen fadama a warwatse, wani dogon mutum yana tsaye a tsakiyarsu da sanda a kafaɗa. Jaji ya ga ya ɗaga kai, ya buɗe baki, jijiyar wuyansa ta miƙe. Babu abin da ya fito. Ko saniya ɗaya ba ta ɗago ba. Mutumin ya sauke sanda ya shiga zagaya su da ƙafa, ɗaya-ɗaya.

Hawwa'u tana bakin bukka. Ba ta yi mamakin ganinsa ba. Ta shimfiɗa masa agalemi, ta shiga, ta fito da babbar ƙwarya a rufe da faifai. Takardun suna ciki, a jere, an danne su da dutsen niƙa ƙarami don su miƙe.

Ta ce mijinta ke nan, Bubayero. Wata biyar ke nan zazzaɓi ya tafi da muryarsa. Shanu sittin ne, kowace da sunanta, kuma murya suke bi, ba sanda ba. Biyu sun ɓata a bazara. Ƙannensa sun fara maganar raba garken kafin a rasa sauran. An sha rubutun malamai uku, an sha sassaƙe, an je har garin Boko wurin wani mai magani. Sai ta ji kukun Bature yana cewa akwai muryar mutum arba'in a ɗaure cikin takarda. Ta yi wata guda tana kallonsu ta taga. Ranar Litinin ta ji kukun ya ce zai tafi neman kaza, ta laɓe a gero har ya wuce.

"Ba sata na yi ba, Malam. Aro ne. Guda ɗaya nake so cikin arba'in. Gobe zan maida su."

Ta ce ta wanke su a hankali, warƙa-warƙa, da ɗan ruwa a ƙoƙo, ba ta yaga ko ɗaya ba. Baƙin ya ƙi fita, ya kama takardar kamar tsagar fuska. Jan ne ya biyo ruwa. Ta ɗauka shi ne maganin. Bubayero ya sha safe da yamma, kwana uku.

Jaji ya ɗaga warƙa ɗaya ya duba a rana. Layi biyar-biyar, da ɗige-ɗigen baƙi a kansu kamar tsuntsaye a kan shinge. A tsakiya kuwa fili, sai ɗan jirwayen ja.

Ya tambaye ta ko ta san an ɗaure Dabo. Ta sani. Ya tambaye ta ko ta san abin da motar gobe za ta ɗauka. Ta dubi wajen fadama.

Shekara talatin yana bin sawu, bai taɓa kai shi ƙarshe ya ce ya ɓace masa ba. Zai iya cewa a kogon kuka ya tsince su, amma wakili zai ce Dabo ne ya ɓoye su a can. Ya ce mata gobe da hantsi ta zo gindin tsamiya da kanta, ta kawo ƙwaryar a kanta, ta zo da mijin. Ta tambaye shi ko ita za a sa a motar. Ya ce bai sani ba.

*

Juma'a da hantsi motar tana tsaye a bakin hanya, direba yana barci a ƙarƙashinta. Wakili ya zauna a kan darduma a gindin tsamiya, Mai Gada a kan kujerarsa. Aka kawo Dabo da igiyarsa. Mamuda ya zo rungume da garwa biyu, Babba ya zo don a wanke shi a gaban jama'a. Rabin Kankiya ta tsaya daga nesa.

Jaji bai ja magana ba. Ya ce Mamuda garwa ya ɗauka, ga su. Babba jarida ce. Dabo bai ɗauki kome ba, bakinsa ne ya yi yawa. Sannan ya juya wajen hanya, inda Hawwa'u take tahowa da ƙwarya a ka, mijinta a baya. Ta sauke a gaban Bature, ta ɗaga faifan, ta faɗi abin da ta faɗa jiya, ba ta ƙara ba ta rage ba. Wani ya yi dariya a cikin taron, bai sami abokin yi ba.

Mai Gada ya ɗauki warƙar farko, ta biyu, ta goma. Sauri kawai yake ƙarawa. Da ya kai ta ƙarshe ya koma ta farko. Ya daɗe a kanta.

Wakili ya ce a kwance kuku a ɗaure matar. Dogari ya matso.

"Ranka ya daɗe," in ji Jaji, "warƙa sittin da biyu aka ce mani sun ɓata. A ƙirga tukuna."

Aka ƙirga. Sittin da biyu. Wakili ya ce wannan ba ita ce maganar ba, mai kaya shi zai ce kayansa sun cika ko ba su cika ba. In ya ce da saura, mota tana jira.

Mai Gada ya ajiye warƙar. Ya dubi Bubayero ya ce ya yi magana. Makiyayin ya buɗe baki. Iska ce ta fito, da ɗan ƙara kamar na busasshen kara. Mai Gada ya tambayi Hawwa'u ko duk ya shanye, ta ce ko ɗigo ba a zubar ba, ta san abu ne mai daraja.

"Kayan Ansalmo sun cika," in ji shi.

"Ba Ansalmo na tambaya ba," in ji wakili. "Naka fa?"

"Nawa zato ne. Ban san abin da ya rubuta ba, zato na yi shekara uku. Ba zan kai mace Katsina a kan wannan ba."

Wakili ya dube shi, ya dubi motar, ya ce a sallami kowa, garwa ta koma inda ta fito. Dogari ya kwance Dabo. Hawwa'u ta juye takardun a kan tebur, ta ɗauki ƙwaryarta, suka kama hanyar Mawashi ita da mijin, ba wanda ya waiwaya. Direba ya farka ya tada mota.

Taro ya watse. Jaji ya tsaya jiran Dabo, wanda ya shiga madafa ya fito da tabarmarsa da butarsa a ƙunshe. Ya ce ya gama aikin Bature, noma zai koma, gara kunyar gona ta kashe masa baya da a sake ɗaure shi saboda kaza.

Mai Gada bai ji shi ba. Ya jawo tawada da alƙalami, ya sa yatsa a kan filin warƙar farko, yana gunguni a maƙogwaro. Ya yi taku biyar ko shida ya tsaya. Ya koma farko, ya tsaya a wuri ɗaya. Karo na uku ma haka.

Dabo ya riga ya ba shi baya. Daga inda aka tsaya ya ɗauki waƙar, a cikin hanci, ba kalma ko ɗaya, kamar wanda yake korar ƙuda. Ya hau, ya sauko, ya riƙe, ya sake hawa. Mai Gada ya ɗago kai.

Dabo ya ce mi ake kallonsa? Shekara uku ana zuba masa abu ɗaya a kunne yana fiffita wuta, ko jaki ne ya haddace. Kalmomin dai bai sani ba, ba ya kuma so ya sani. Mai Gada ya tambaye shi har ina ya riƙe. Ya ce har inda maigida yakan tsaya ya zagi kansa, wato ƙarshe.

Mai Gada ya ce ya maimaita. Ya maimaita. A wuri na bakwai Mai Gada ya ɗaga hannu ya ce nan kuskure ne, sauka ake yi, ba hawa ba.

"Hawa ne a shekarar farko," in ji Dabo. "Daga baya ka ɓata shi."

Mai Gada ya dubi baƙin da ke sama da filin, ya dubi na ƙasa. Leɓɓansa suna motsi. Ya tsoma alƙalami ya rubuta hawa.

Ya ce a ci gaba. Dabo ya ajiye tabarmar, amma bai saki butar ba. Ya nuna masa wuyan hannunsa inda igiya ta ci. Ya ce warƙa ɗaya a rana, ba ƙari, kuma shi ba ya iya waƙa a tsaye, ƙirjinsa ba ya so, a ƙasa kuwa ya zauna kwana huɗu ya ishe shi.

Kujera ɗaya ce a gidan. Mai Gada ya tattara takardunsa, ya tashi daga kanta.